Shafin hukuma ya maƙale ana saura minti takwas a rufe karɓar tayi: kotu za ta iya sa a buɗe nawa?

Mai Fitila ya rubuta:

Assalamu alaikum. Ina neman shawarar waɗanda suka san shari'ar kwangilar gwamnati, don yau kwana tara ke nan ban yi barcin kirki ba.

Ƙaramin kamfani gare ni, mu goma sha ɗaya ne, aikinmu haɗa wuta da famfunan ruwa masu aiki da hasken rana. Wata hukuma ta yi shelar kwangilar sa wuta a ƙananan asibitoci, ta ce ba za ta karɓi takarda a ambulan ba, kowa ya ɗora tayinsa a shafinta na intanet kafin ƙarfe 12 na ranar Alhamis. Mako biyar muka yi muna haɗa kaya: shaidar biyan haraji, takardun injiniyoyinmu, hotunan ayyukan da muka gama, jerin farashi, da takardar lamunin banki wadda sai da na jinginar da motar aiki kafin a ba ni.

Ranar na zauna gaban kwamfuta ƙarfe 10:40. Fayil goma sha ɗaya ne. Goma na ɓangaren fasaha suka hau lafiya lau. Na ƙarshe, wato na farashi, shi ya tsaya. Alamar nan ta yi ta juyawa har 11:20, sai shafin ya fitar da ni. Na sake shiga, na sake ɗorawa. Na kira lambar taimako da suka rubuta a jikin shelar sau huɗu, ba wanda ya ɗaga. Ƙarfe 11:52 fayil ɗin ya nuna ya hau. Na danna maɓallin miƙawa, shiru. Na sake dannawa, shiru. Ƙanwata da ke riƙe mana lissafi ta ɗauki bidiyon fuskar kwamfutar da wayarta, ana ganin agogo a kusurwa. Da na ga lokaci zai ƙure, sai na tura fayil ɗin farashin ta imel ga jami'in da adireshinsa ke cikin takardar shela, ƙarfe 11:56. Ƙarfe 12:01 shafin ya ce an rufe. Ban samu rasit ba.

Washegari aka buɗe tayi, babu sunanmu. Kamfani shida aka karanto, kuma mafi araha a cikinsu ya fi namu tsada nesa ba kusa ba. Na rubuta musu, suka ba ni amsa layi biyu: ba su karɓi tayi daga gare mu cikin wa'adi ba, kuma shafinsu bai samu matsala ba. Amma 'yan kwangila biyu sun gaya mini da bakinsu cewa su ma haka aka yi musu a wannan awar.

Tambayata, idan na kai ƙara, alƙali zai iya tilasta musu su buɗe tayina su gwada shi da na sauran? Tun da namu ya fi araha, ai gwamnati ma ta yi asara. Kuma bidiyon nan zai isa hujja?

Barista ta amsa:

Wa alaikumus salam Malam. Allah ya kawo mafita. Zan fara da abin da ba za ka so ji ba, don kada ka kashe kuɗin lauya a kan hanyar da ba ta ɓullewa.

Maganar cewa farashinka ya fi araha, ajiye ta gefe. Irin wannan ƙarar ba ɗaukaka ƙara ba ce, alƙali ba zai hau kujerar kwamitin tantancewa ya zaɓi wanda ya cancanta ba. Abin da zai duba shi ne yadda hukumar ta yanke matsayinta. Tambayoyi uku ne, kamar yadda kotu mafi girma a Birtaniya ta jera su a 1984 kuma ƙasashe da yawa suka ɗauka: ta saɓa wa doka ko ƙa'idar da ita kanta ta rubuta? Ta bi hanyar adalci wajen sauraro da yanke hukunci? Ko kuwa matakin nata ya kai munin da babu wata hukuma mai hankali da za ta ɗauke shi? Wannan na ukun shi lauyoyi ke kira ma'aunin Wednesbury, daga wata shari'a ta 1947 a kan sharaɗin da aka gindaya wa gidan silima na hana yara shiga ranar Lahadi. Hawansa da wuya ƙwarai. A Indiya, Kotun Ƙoli ta kafa wannan iyaka a kan kwangiloli a shari'ar Tata Cellular ta 1994, wadda ta taso daga rabon lasisin wayar salula a manyan birane huɗu, kuma har yau ita ake janyowa.

Yanzu ga shari'o'i biyu da suka yi kama da taka, ka karanta su da kyau.

Ta farko a Indiya ce, 2018, tsakanin hukumar gidaje ta jihar Maharashtra da kamfanin gine-gine Shapoorji Pallonji. Kamfanin ya ce ya ɗora takardunsa kafin wa'adi amma bai samu shaidar karɓa ba. Babbar kotun Mumbai ta tausaya masa, ta ce a zaƙulo fayilolin a duba. Kotun Ƙoli ta rushe wannan umarni. Dalili kuwa, cibiyar gwamnati da ke kula da shafin ta shaida cewa babu tangarɗa, wasu tayin sun shiga lafiya a wannan lokacin, kuma matakin ƙarshe na kulle tayi bai kammala daga ɓangaren kamfanin ba. Ka ga ɗora fayil daban, miƙa tayi daban. Wannan ita za su fara jefo maka.

Ta biyu a Ingila ce, 2009, kamfanin Leadbitter da ƙaramar hukumar Devon. Kamfanin ya manta wasu takardu, ya tuna ana dab da rufewa, shafin ya ƙi karɓar ƙari, sai ya tura ta imel ƙasa da rabin awa bayan wa'adi. Ya faɗi a kotu. Amma alƙalin ya bar ƙofa: ya ce akwai yanayin da ya wajaba hukuma ta karɓi abin da ya makara, musamman idan laifin daga ita hukumar ne. Kuma a wannan gasar an ƙara wa kowa awa uku saboda wuta ta ɗauke wa ɗaya daga cikin masu nema, kotu ba ta ga aibu a nan ba.

To duk shari'arka ta taru a wuri ɗaya: daga ina matsalar ta fito, daga na'urarsu ko daga taka? Idan daga tasu ce, kuma an kira su ba su ɗaga ba, kuma sun ba ka amsa ba tare da sun bincika ba, kana da abin riƙewa.

Abu mafi gaggawa shi ne kwanaki. Ba ka faɗi ƙasar da abin ya faru ba, kuma wa'adin ƙorafi gajere ne kusan ko'ina. A Najeriya, sashe na 54 na dokar kwangilolin gwamnati ta 2007 ya ba ka ranakun aiki 15 daga ranar da ka sani ka kai kuka ga shugaban da ke da alhakin kuɗin hukumar, daga nan zuwa hukumar sa ido kan kwangiloli ta tarayya cikin ranakun aiki 10, sannan Babbar Kotun Tarayya cikin kwana 30 bayan hukuncinta. A Kenya kwana 14 ne zuwa kwamitin bita. A Ingila kwana 30. A Amurka galibi kwana 10. Inda doka ta shimfiɗa matakai irin haka, wanda ya tsallake su ya nufi kotu kai tsaye sau da yawa ana korar ƙararsa tun ba a taɓa zancen shafi ba. Kwana tara sun riga sun tafi.

Injiniyan Manhaja ya amsa:

Ɗan'uwa, ni ba lauya ba ne, amma na yi shekaru ina kula da irin waɗannan shafukan, don haka bari in gaya maka abin da ke bayan labule.

Bidiyonka yana nuna abin da ya faru a kwamfutarka. Ba ya nuna dalili. Lauyansu zai ce intanet ɗinka ne ya yi rauni, ko agogonka ba daidai yake ba, ko fayil ɗin ya wuce girman da aka yarje. Abin da zai raba gardama yana wurinsu: uwar na'ura, wato babbar kwamfutar da ke ɗauke da shafin, tana rubuta duk abin da ya taɓa ta. Wane ne ya shiga, ƙarfe nawa har da daƙiƙa, me ya danna, wace amsa aka mayar masa. Idan ka danna maɓallin miƙawa 11:52 kuma saƙon ya isa gare su, akwai layi a kundin da ya rubuta haka, tare da lambar amsar. Lambobin da suka fara da 5, kamar 500, 503 ko 504, suna nufin gazawar daga ɓangaren uwar na'ura ne. Waɗanda suka fara da 4 galibi suna nuna matsala a buƙatar da aka aiko, misali 413 na nufin fayil ya yi girma. Idan kuwa babu layin sam, to saƙonka bai isa ba, kuma wannan ba zai yi maka daɗi ba.

Kada ka nemi naka kundin kaɗai. Ka nemi na duk wanda ya taɓa shafin daga 10:30 zuwa 12:15, ko da za a rufe sunaye. Cewa kamfani shida sun shiga ba ya wanke su. Yaushe suka shiga? In duk shidan sun miƙa tun daren Laraba, kuma babu ko mutum ɗaya da ya yi nasarar miƙawa bayan 11:15, ai ruwa ba ya tsami banza. Ka nemi kundin kiran layin taimako ma.

Ka yi sauri, don ba a ajiye waɗannan bayanan har abada. Wurare da dama na'ura ce ke share tsofaffi da kanta bayan wani lokaci. Yau ɗin nan ka rubuta wa hukumar da kamfanin da ke riƙe mata shafin cewa su adana komai saboda akwai taƙaddama. Kai ma kada ka taɓa kwamfutar nan, kada ka goge tarihin burauza, kada ka buɗe fayil ɗin farashin ka sake ajiye shi, don ranar da ke jikinsa za ta canza. Bidiyon ya zauna a wayar da ta ɗauke shi. Wanda aka tura ta WhatsApp yakan rasa bayanan asali.

Tsohon Jami'i ya amsa:

Yaro, na yi aiki a ɓangaren da kake ƙorafi a kai har na yi ritaya, kuma zan gaya maka yadda abin yake daga can ciki, ba don in kare kowa ba.

Jami'in da ya ƙi karɓar tayinka ba lallai mugu ba ne. Tsoro yake ji, kuma tsoron yana da tushe. Ranar da ya karɓi tayi ɗaya bayan an rufe, ya buɗe ƙofar da ba zai iya rufewa ba: gobe wani zai jira a karanta farashin kowa, ya rage nasa, ya zo da labarin shafi ya maƙale. Don toshe wannan ne aka bar ambulan aka koma na'ura. Kamfanoni shidan nan ma suna da haƙƙi, kuma idan aka shigar da kai su ne za su tafi kotu. A Amurka ƙa'idarsu ta fi haka tsauri, wanda ya makara ya makara, kuma kariyar da aka tanada wa mai aikowa ta na'ura ita ce idan saƙonsa ya isa mashigar gwamnati kafin ƙarfe 5 na yammacin ranar aikin da ta gabaci wa'adi. Ka ga abin da suke nufi da wannan.

Inda nake ganin laifinsu, in dai labarinka haka yake, shi ne layin taimako. Duk ofishin da ya san aikinsa yana ajiye mutum a kan wayar nan a awa biyun ƙarshe. Kira biyu ko uku suka shigo da kuka iri ɗaya, sai a duba, a tsawaita wa'adi ga kowa da kowa, a sanar a fili, kafin a buɗe ko tayi ɗaya. Wannan ce kaɗai gyaran da ba ya cutar da kowa, kuma sun bar lokacinsa ya wuce.

Amma imel ɗin nan da ka tura, da ka tambaye ni da na hana ka. Ka ɗauki farashinka a buɗe ka sa a hannun jami'i kafin ranar buɗewa. A takardun shela da yawa wannan kaɗai ya isa a fitar da mutum.

Mai Fitila ya sake rubutawa:

Na gode muku duka, Allah ya saka da alheri. Baba, maganarka ta imel ta tsaya mini a rai, na kwana ina juya ta. A lokacin ban ga wata hanya ba, ina ganin aikin mako biyar da albashin mutum goma suna zubewa a gabana.

Na koma na karanta takardar shelar layi-layi. Na samu abu uku. Akwai sakin da ya ce ba a karɓar tayi ta imel ko ta hannu, wannan gaskiyar Baba ce. Akwai wanda ya ce agogon shafin shi ne abin dogaro, ba na mai nema ba. Sannan akwai wanda ya ce idan aka samu gazawar shafi, hukuma tana iya tsawaita wa'adi, kuma mai nema ya sanar da layin taimako nan take. Girman fayil da aka yarje megabait 10 ne, nawa bai kai 4 ba. Wayata na nuna kira huɗu: 11:22, 11:31, 11:44 da 11:54.

Na kuma ji cewa ba a sa hannu a kwangilar ba tukuna, ana kan tantancewa. Barista, wannan "tana iya" ɗin ba ya nufin sun ga dama su yi, sun ga dama su bari?

Barista ta sake amsawa:

Malam, wannan sakin na uku shi ne ƙashin bayan ƙararka. Gaskiya ne "tana iya" zaɓi ya ba su. Amma wanda doka ta ba zaɓi wajibi ne ya zauna ya auna kafin ya ce a'a. Su suka ce a kira, ka kira sau huɗu, ba su ɗaga ba. Su suka ce gazawar shafi na iya jawo ƙarin lokaci, sannan suka amsa maka da layi biyu ba tare da sun nuna wa ya bincika, yaushe, ko me ya gani ba. A nan za ka tsaya: sun karya hanyar da suka shimfiɗa da hannunsu. Wannan ya fi sauƙin tabbatarwa a kan cewa hukuncinsu rashin hankali ne.

Game da imel, ina girmama Baba amma ban bi shi gaba ɗaya ba. A matsayin tayi, imel ɗin matacce ne, kada ma ka roƙi a karɓe shi a haka. A matsayin hujja kuwa yana da daraja. Babban abin da ke sa alƙali ƙin buɗe tayin da ya makara shi ne zargin an gyara farashi bayan an ji na wasu. Kai kana da saƙo mai ɗauke da 11:56, yana zaune a akwatinsu, ba a naka kaɗai ba. Za su yi amfani da shi a kanka, kai ma za ka yi amfani da shi a kansu, kuma ba zan yi maka alkawarin inda alƙali zai karkata ba.

Rashin sa hannu labari ne mai kyau, kuma shi ya sa nake matsa maka. Kafin sa hannu ana iya dakatar da gasar. Bayan sa hannu, kotuna na ɗari-ɗari, balle an fara aiki. Turai sun ga wannan matsalar tun shari'ar Alcatel ta 1999, shi ya sa suka wajabta jinkirin aƙalla kwana 10 tsakanin sanar da wanda ya ci da sa hannu. A Indiya kuwa Kotun Ƙoli ta ja kunnen ƙananan kotuna a 2022, a shari'ar N.G. Projects kan wani aikin hanya, cewa su daina tsayar da ayyukan jama'a, mai ƙorafi ya je ya nemi diyya. Kuma naka aikin asibiti ne. Za a ce wa alƙali marasa lafiya na kwana cikin duhu saboda ƙararka. In ka bari aka kai nan, ihu bayan hari ne, abin da za ka samu da ƙyar ya wuce kuɗin da ka kashe wajen haɗa takardu.

A takardar ƙorafinka ka jera lokutan kamar yadda ka jera mana, ka kawo lambar sakin nan, ka nemi abu uku: a dakatar da bayar da kwangilar, a adana kundin na'ura a kuma fitar da shi ga mai bincike da ba ma'aikacinsu ba, sannan idan gazawa ta tabbata a buɗe fayilolin da suka riga suka hau kafin 12, ko a sake gasar. Ka sani sake gasar ya fi yiwuwa, kuma a lokacin kowa ya san farashin kowa. Ƙanwarka ta yi takardar rantsuwa a kan bidiyon: wace waya, yaushe, kuma ba a taɓa shi ba. Ƙasashe da dama na da sharuɗɗa na musamman kafin a karɓi hujjar da ta fito daga na'ura, lauyanka ya cika su tun farko. Mutanen nan biyu, maganar baki ba ta isa ba, sai sun rantse a rubuce.

Mai Fitila ya sake rubutawa:

Na kai takardar da safiyar yau, an buga mini hatimin karɓa a kwafina, na kuma aika wa masu riƙe shafin tasu. Kwamfutar na kulle ta a kabad, na ari wata.

Cikin mutum biyun, ɗaya ya yarda, gobe za mu je ya yi rantsuwa. Shi nasa ya tsaya ne tun 11:35, kuma ya ɗauki hoton saƙon da ya fito masa, akwai lamba 504 a jiki. Injiniya, na tuna maganarka da na gani. Ɗayan ya ce in yi haƙuri, yana da wasu ayyuka biyu a hannun hukumar da ba a biya shi ba tukuna, ba zai sa sunansa ba. Ban ga laifinsa ba, don ni ma wannan tunanin ya zo mini kafin in miƙa takardar.

Saura abu ɗaya. Lamunin bankina zai ƙare nan da mako bakwai, kuma sabuntawa sai na sake biya. Barista, in bar shi ya mutu, ko in sabunta don kada su ce ko an buɗe tayin nawa ba shi da lamuni mai rai?